Wa Ya Sallaci Golan Shamuwa?

Ana sallame sallar asuba muka bar Gusau, ni da maƙwabcina, a cikin tsohuwar motata wadda ba ta tashi sai an lallashe ta. Waɗanda suka saba bibiyata sun san ba na ƙaunar tafiya da zafin bazara, amma wannan ba wadda zan iya ƙi ba ce, don mahaifiyarsa ce ta aike mu, kuma tana kwance ba lafiya tun bara.

Mijinta na fari, wato mahaifin maƙwabcin nawa, shi ne mai tsaron gidan wata ƙungiyar ƙwallo da aka yi a Bodinga zamanin mulkin farar hula na biyu, ana ce da ita Shamuwa. Garba Katanga ake kiransa. Ya rasu a hatsarin mota suna dawowa daga wasa, a lokacin ita tana gidan iyayenta a Gusau tana wankan jego. Kafin labari ya iso an riga an rufe shi a wani ƙauye. Cikin masu zuwa gaisuwa sai wata mata, irin masu bakin nan da ba ya zama shiru, ta ce ta ji an ce da rigar ƙwallonsa aka tura shi rami, ba wanka ba salla, wai mutanen ƙauyen sun ce ba sa sallatar masu yawo da gajeren wando. Maganar nan ta zauna mata a ƙirji. Ta yi wani auren, ta aurar da 'ya'ya, ta ga jikoki, ba ta taɓa tambayar kowa ba saboda tsoron amsa. Yanzu ta ce ba ta son ta mutu ba ta sani ba.

Hanyar Gusau zuwa Sakkwato kun san halinta. Inda aka gyara sai ka ji kamar ka yi barci, inda ba a gyara ba kuwa sai ka tuna duk ciwon da ke jikinka. Shingayen jami'an tsaro ba su da iyaka, kuma a kowane ɗaya sai an tambaye ni lafiyar motar, kamar su za su biya bakanike. Ban yi gunaguni sosai ba, don hanyar ba ta wasa ba ce a 'yan shekarun nan. A Talatar Mafara muka karya da shayi da hoce, gasasshiyar wainar dawar nan ta yankin. Hocen ya ƙanƙance ƙwarai, kuɗinsa kuma ya girma. Fetur kam ban ma son tuna shi. Abokin tafiyata ya kurɓi shayin ya ajiye, bai taɓa hocen ba.

Da hantsi muka ratsa Sakkwato muka miƙi hanyar Bodinga. Tun kafin ka shiga gari warin albasa ke tarbarka. Lokacinta ne, an tsibe ta a bakin titi, manyan motoci na lodi, farashinta kuma idan ka kwatanta da na Gusau sai ranka ya ɓaci da masu sayar mana. Muka tsaya wani gidan kallon ƙwallo muka tambayi samarin da ke zaune a ƙofa ko sun san Shamuwa. Ɗaya ya ce sai damina take zuwa. Yaran nan za su lissafa maka 'yan wasan Turai da sunayen matansu, amma ba su san an taɓa biyan mutum albashi don ya buga ƙwallo a garinsu ba. Haushi ya kama ni, har na fara yi musu faɗa, abokina ya ja ni. Wani dattijo mai goro ne ya ce mu nemi Malam Alu a bayan kasuwa, shi ne kyaftin ɗinsu.

Mun same shi a gindin rudunsa, irin rumbun karan da ake adana albasa, yana tsince ruɓaɓɓu. Dogo ne, yana ɗingishi da ƙafar hagu. Bayan gaisuwa na gabatar da abokina. Ya daɗe yana kallonsa, sannan ya ce, "Kai aɗ ɗan Garba? Miƙo hannunka in gani." Ya riƙe hannun yana juya shi. "Walle hannun tsohonka ne. Allah ya jiƙan Garba." Ya sa aka shimfiɗa mana tabarma, aka kawo fura da nono mai sanyin randa, wadda ban sha irinta ba tun rasuwar kakata.

A nan muka ji tarihin Shamuwa daga bakin wanda ya ɗaura mata ƙyallen kyaftin. Wani ɗan kwangila ne ya kafa ta lokacin da siyasa ke tashe, kuɗi na yawo, sunan wannan yanki kuma ba ya buƙatar gabatarwa a ko'ina a ƙasar nan, tunda shugaban ƙasa ɗan Shagari ne. Ya tattaro samari daga Bodinga da Sifawa da Horo Birni da ƙauyukan Shagari, 'ya'yan manoma da makiyaya, ya sa sunayensu cikin ma'aikatan kamfaninsa, alhali aikinsu ɗaya ne, atisaye safe da yamma. Rigarsu fari da baƙi ce, shi ya sa 'yan kallo suka laƙaba musu sunan tsuntsuwar, sunan takarda kuma ya ɓace. Kocinsu wani malamin makaranta ne mutumin Gana. An saya musu bas sabuwa. Iyaye da farko sun ƙi, suna cewa wasan banza ne, sai da suka ga ɗa ya shigo da buhun gero ƙarshen wata suka sassauto. Garba ma sai da ya yi shekara yana ɓoye takalminsa a gidan Alu.

Sun hau rukunin farko na gasar jiha, sun je Gusau da Birnin Kebbi da Argungu, waɗanda a lokacin duk jiha ɗaya ce. Malam Alu bai yi mana cika baki ba. Ya ce kofi ɗaya suka taɓa kusantar ɗauka, aka fitar da su a wasan kusa da na ƙarshe. Amma ranar da suke wasa a gida kasuwa na watsewa da wuri, har mata na leƙe ta kan katanga.

Sai matsi ya zo, abin da ake kira ostariti. Shinkafa da madara da sabulu sai an bi layi, kantuna suka koma fayau. Gwamnati ta daina biyan 'yan kwangila, albashin 'yan wasa ya fara tsallake wata. Aka yi korar baƙi, koci ya ɗaure kayansa ya tafi, bai ko samu yin sallama da su duka ba. Da soja suka karɓi mulki aka tsare mai ƙungiyar, bas ɗin ta zauna kan duwatsu ba taya. "Kowa ya ce mu watse," in ji shi, "munka ƙiya. Mun ga in munka bar wasa guda za a shafe sunanmu ga gasa. Sai mu yi noma da swahe, mu yi ƙwallo da marece, mu hau motar albasa mu tahi wasa."

Ya kai mu filin. Gidaje sun cinye rabinsa, sauran kuma an shanya albasa. Ya nuna inda ragar gabas take a da, yanzu turken awaki ne. Abokina ya je ya tsaya a wurin. Daga nan ya yi tambayar da ta kawo mu. Malam Alu ya sunkuyar da kai.

"Ɗana, ba ni yi maka ƙarya. Ban gani ba. Sadda mota tak kihe ban san inda nike ba, sai asibiti Sakkwato nit tashi. Ni ma na ji maganar ga da innarka taj ji."

"To Baba, me ya hana ka tambaya, ga ƙauyen kusa?"

"Abin da yah hana ta."

Muka koma, ya shiga gida ya sauya riga, ya ce da shi za a tafi.

Muka fara zuwa Shagari, inda aka yi wasan ƙarshen, don Malam Alu bai tuna daidai inda motar ta faɗi ba. Hanyar shimfiɗaɗɗiya ce, gonaki a share suna jiran ruwa, garken shanu na neman inuwar gawo. A garin muka yi azahar, muka ci shinkafa da wake a tasha. Na tambaye shi yadda wasan ya ƙare, ina tsammanin zai ce Garba ya kama fenariti. Ya yi murmushi karo na farko. "An lallasa mu. Da yunwa munka shiga hili. Rannan Katanga ta yi ɓaraka." Wani tsohon direba a tashar ya tuna hatsarin, ya kwatanta mana wata kwana kusa da Dandin Mahe, da 'yar hanyar da ke sauka zuwa ƙauyen.

Ƙauyen ƙarami ne, gidajen ƙasa da rumbuna. Muka nemi liman. Dattijo ne mai farin gemu, ya fito da carbi a hannu, ya zaunar da mu a inuwar masallaci. Ni na yi bayani. Ban ɓoye maganar rigar ƙwallo da gajeren wando ba. Na ga fuskar liman ta sauya, har na yi nadamar faɗa.

"Subhanallahi. Wa yaf faɗi hakanga?" Ya juya ga abokina. "Yaro, ni niz zuba ruwa da hannuna, tsohona na yi mai wanka. Shi al liman sannan. Rigar ƙwallon da almakashi munka yanke ta, don ba ta hita."

Ya ce da la'asar suka ji ƙarar faɗuwar motar. Aka kwashe masu rauni, aka bar musu gawa ɗaya, ba wanda ya san danginsa, ga zafi, ba halin a jira. Aka aika Dandin Mahe neman alawayyo ba a samu ko ƙyalle ba, don a shekarar farin yadi ma ya yi wuya. Mahaifin liman kuwa yana da likkafaninsa da ya zo da shi daga Makka, an tsoma shi a zamzam, yana ajiye a akwati yana jiran ranarsa. Ya ce a ɗauko. Iyalinsa suka yi ta magiya, ya ce baƙon nan ba shi da kowa a nan sai su.

"Da shi munka yi mai sutura. Salla kau, har masu kiwo sun baro shanu sun shigo sahu."

Abokina ya tambaya, shi tsohon limamin, da ya rasu, da me aka rufe shi. Liman ya ce da akoko, irin mai arahar nan na kasuwa, kuma ya wadatar.

Ban taɓa ganin namiji mai furfura ya yi kuka irin na Malam Alu ba. Ni ma ban iya riƙe nawa ba, kuma ba na jin kunyar faɗa. Liman ya raka mu maƙabarta. Ba alama ba suna, kamar yadda muke yi, kaburburan sun baje sun zama ƙasa ɗaya. Ya nuna wani sashe tsakanin bishiyar gawo da kurmin sabara ya ce nan ne, Garba da tsohon limamin ba su da nisa da juna. Muka ɗaga hannu muka yi wa duka mutanen wurin addu'a.

Shamuwa ba ta sake buga wasa ba bayan ranar hatsarin. Da muka sauke Malam Alu a Bodinga ya cika mana but ɗin mota da albasa, na ƙi ya ƙi, har na haƙura. Muka kwana Sakkwato, don ba a bin hanyarmu da duhu, washegari muka kamo hanyar gida. Ina tuƙi ina tunanin abin da na koya. Na fita da haushin samarin da ba su san tarihin garinsu ba, sai na tarar mu manya ma mun bar wata muguwar magana ta yi shekaru tana cin mutane biyu, alhali amsarta na nan a tafiyar wuni guda. Na kuma ga cewa a shekarun da aka rasa komai, akwai waɗanda suka ci gaba da shiga fili da yunwa don kada a shafe sunan garinsu, akwai kuma wanda ya ba baƙo abin da ya tanadar wa kabarinsa.

Mun iso Gusau kafin azahar. Tsohuwar na kishingiɗe, ta sa aka tashe ta zaune. Ɗanta ya durƙusa ya ba ta labari tun daga farko, ba ta katse shi ba. Da ya zo kan likkafanin sai ta rufe fuska da mayafi, ta daɗe a haka. Da ta buɗe ta ce, "Alhamdu lillahi. Mi as sunan tsohon, in riƙa sa shi ga addu'a?"

Muka kalli juna. Liman bai kira shi da komai ba sai tsohona, mu kuma ba wanda ya tuna ya tambaya. Kunya ta kama ni, na laluba aljihu zan ciro waya in nemi Malam Alu ya bincika mana. Ta ɗaga hannu ta tsayar da ni.

"Bar shi, ɗana. Wanda za ni roƙo ya san shi."