Saiwar Zogalen Ɗaso

Duk wanda ya zauna unguwar Tandabawi ta Makka a shekarun 1960, lokacin da ake ta rushe gidaje ana faɗaɗa Harami, ya san Ɗaso mai kilishi. In bai san fuskarta ba, ya san muryarta, don kullum tana kan faɗa da kuliyoyin unguwa. Gajeriya ce, mai saurin tafiya da saurin fushi. Da ƙafa ta zo daga Gumel tare da mijinta Mailafiya, suka keta Sudan, suka sauke farali, suka ce bari su ɗan huta kafin su juya. Hutun ne bai ƙare ba har aka binne Mailafiya a Makka.

Sana'arta ta bayan hajji ce. Sai ta samo naman hadaya, ta yanka shi fale-fale, ta shanya a kan rufin kwano, ta tsoma a labu na tunkuza da yaji, ta gasa, ta kai unguwar Jarwal inda alhazanmu ke sauka. Da wannan ta rene ɗanta tilo, Mukhtaru. Da yake ɗan fari ne, bakinta bai taɓa kama sunansa ba, Ɗan Makka take ce masa.

Bayan ɗakinta akwai zogale. Irinsa ta ƙullo a bakin zane tun daga gida. Da can itatuwan suna da ɗan yawa, maƙwabta suka yi ta matso da katanga har ya rage guda ɗaya tal. A garin da ruwa sai an saya wurin 'yan garuwa, Ɗaso a gindin itacen nan take alwala, a nan take wanke shinkafa, don kada ɗigo ya tafi a banza. In akuya ta kalle shi, sai mai akuyar ya ji a jikinsa.

Da saiwar zogalen take yin wani abin ci da babu mai yinsa sai ita. Shekarar da Mailafiya ya kwanta ciwo, bakinsa ya daina jin ɗanɗano, haƙora kuma ba sa iya kilishi. Ta ga maƙwabtanta Larabawa suna dangwala gurasa a nono mai kauri, sai ta tace kindirmo a ƙyallen akoko har ya yi kamar man shanu, ta daka kilishi ta zuba, ta fere saiwar zogale ta gurza a kai, ta matsa lemun tsami. Saiwar nan ba harshe take ƙonawa ba kamar barkono, hanci take bi ta haura ka. Mailafiya ya kai loma ɗaya, hawaye ya zubo, ya ce ashe yana nan da rai. Sunan abin ya zama dangwale, kuma Mukhtaru da shi ya tashi, shi ke suɗe kwanon.

To amma Mukhtarun da muke magana yanzu wani ne daban. Ya yi makaranta, ya sami aiki a wani kamfanin motocin alhazai, ya sa farar jallabiya mai guga da alƙalami a aljihu. Tun daga nan Hausa ta ƙafe a bakinsa ƙaf. Kiran "Inna" ya koma "ya ummi". Ta yi masa magana da Hausa, ya mayar da Larabci, kamar masu ciniki a kasuwa. Ba ya zaginta, ba ya hana ta komai, kuma abin da ya fi ba ta haushi ke nan, don ta rasa inda za ta kama ta yi faɗa. Ita dai abu ɗaya take so kafin ta bi Mailafiya: yaron nan ya buɗe baki ya kira ta Inna, da harshen da ta yi masa rarrashi.

Da matarsa Rumasa'u ta haihu, ya shirya walimar suna, ya gayyato shugabansa na wurin aiki da abokai Larabawa. Ya ɗauko kuku ɗan gari mai dafa shinkafa da rago. Ya zo ya tsaya a ƙofar ɗakin uwarsa ya ce da Larabci ta huta abinta, an gama komai, kuma don Allah kada a fito da abincin Takari gaban baƙi.

"Abincin wa?" in ji Ɗaso.

Ya sunkuyar da kai ya ce ba haka yake nufi ba.

"Abincin Takarin ne ya yi maka wannan wuyan da kake ɗaura wa maɓalli, Ɗan Makka!"

Ya ce, "Ɗayyib, ɗayyib," wato to, to, ya juya. Ta bi bayansa da harara har ya sha kwana.

Rumasa'u ce ta ba ta dabara. Ita ma haifaffiyar Makka ce, amma iyayenta ba su yar da Hausa ba. Tana kwance da jaririya ta ce, "Inna, ai dangwalenki fari ne. Ki zuba a irin kwanonsu, ki sa tsakanin na riɗi da na kokwamba. Wa zai gane?" Ɗaso ta dubi surukarta, ta ga ashe yarinyar nan da take ɗauka salihar baiwa tana da kai.

Daga nan wahala ta fara. Kindirmon farko zafin Makka ya tsinka shi tun kafin ya taru, ya koma ruwa da gudaji. Ta sake sayen madara wurin masu awaki, ta rataya ƙyallen a kan bakin randa, ta lulluɓe da jiƙaƙƙen buhu, tana leƙawa kamar mai jinya. Kilishin da ta ware, mafi kyau, ta juya ta ɗauko taɓarya, wata jar kyanwa ta yi gaba da rabi. Ta jefe ta da takalmi, ta sami tulun maƙwabciya, aka yi ta cacar baki. Ko magurji ba ta da shi, sai da ta huhhuda murfin gwangwani da ƙusa, ta yanki ɗan yatsa.

Safiyar suna ta durƙusa a gindin zogalen, ta tona gefe ɗaya a hankali, ta yanko saiwa guda, ta mayar da ƙasa ta danne, har da ba itacen haƙuri. An ce baƙi za su zo da an sauko daga Azahar. Saiwar zogale kuwa ba ta jira, in an gurza ta dole a ci da wuri, in ba haka ba zafinta ya bi iska. Don haka sai da ta ji an yi sallama a masallaci sannan ta gurza, idanunta na zuba, ta juya, ta ɗanɗana. Abin ya yi yadda take so, har ta ji shi a tsakar kai.

Baƙi ba su zo ba. Rana ta karkata, kuku na ta kumfar baki a kan shinkafarsa, Mukhtaru na ta leƙa titi. Wai shugaban ya tsaya wani uzuri, kuma ba a cin abinci sai da shi. Mutanen da ake ta yi wa rawar jiki ke nan! Sai bayan La'asar aka ji ƙarar mota. Ɗaso ta sa yatsa a kwano ta lasa. Nono ne da nama kawai, lami, ko jariri ya sha.

Ta koma bayan ɗaki ta tsaya a kan zogalen. Ta san in ta taɓa uwar saiwar, itacen ya gama. Shi kaɗai ne abin da ya rage mata na Gumel, shi ya sha ruwan alwalarta tun tana amarya a garin nan. Tana jin ana shimfiɗa tabarmin cin abinci a zaure, ana kwaram da faranti. Ta ja tsaki, ta ɗauki fartanya. Tana tono tana faɗa, da shugaban, da kyanwa, da Mailafiya da ya ce su ɗan huta. Itacen ya karkata, ya jingina da katanga, ya kwanta. Ta fere saiwar, ta gurza ta duka, ba ta rage ko kaɗan ba, ta kai kwanon ta cusa a tiren kuku yana can yana yanka nama. Sannan ta laɓe bayan labule, zuciyarta cike da baƙin ciki.

Ana cikin ci, Mukhtaru ya ga shugabansa na kallon farin kwanon. Don ya nuna karamci sai ya ce da Larabci, "Bismillah, wannan nono ne mai sanyi," ya yagi gurasa, ya kwaso da yawa ya tura a baki. Idanunsa suka kaɗa, ya dafe ƙeya, ya miƙe zumbur.

"Wayyo Inna! Wayyo hancina! Inna, kin kashe ni!"

Da Hausa tsantsa, gaban shugaba da kowa. Zauren ya ɗauki dariya. Ɗaso ta toshe baki da gefen mayafi, ta zauna daɓas a ƙasa. Baƙin nan kuwa, da suka ga abin da ya yi wa mai gida, kowa ya ce sai ya gwada. Suna ci suna share hawaye suna tari, har suka kankare kwanon.

Ba a jima ba ya same ta a bayan ɗaki, tana zaune kusa da ramin. Ya rage murya.

"Inna, akwai saura? Suna so."

Shekara da shekaru tana jiran kalmar nan, amma da ta zo, haushi ya riga daɗi isa bakinta. Ta ce masa da Larabci babu, ya ƙare: "Ma fi. Khalas."

Sai a lokacin ya ga itacen a kwance, ganyensa ya fara yaushi. Ya dubi ramin, ya dubi hannunta mai ƙasa da ɗaurin tsumma a yatsa.

"Shi kika tone?"

"Da wa zan tone? Kai?"

Baƙi na can suna jiran shayi, shi kuwa ya tattare farar jallabiyarsa ya durƙusa a cikin ƙasa. Ya karya reshe mai kauri, ya tambaye ta da wata karkatacciyar Hausa ko wannan yana tsirowa in an dasa. Ta ce yana yi, in ya sami mai ba shi ruwa. Ya soka shi a ramin, ya fara tura ƙasa da hannu biyu.

Ɗaso ta kalli reshen, ta kalli ɗanta, hawaye na bin kuncinta, wannan karon ba na saiwa ba.

"Kai, Ɗan Makka, wane irin mutum ne kai? Kan ne ka sa a ƙasa. Juya shi!"

Ya zare, ya juya, ya ce, "To, Inna."