Tsumman da Ba A Shanyawa a Rana

Ba zan rantse cewa komai haka ya faru daki-daki ba. An kwana biyu, kuma a lokacin a tsorace nake, wataƙila wasu maganganun sun cakuɗe mini.

Ban daɗe da gama jami'a ba aka ba ni koyar da kimiyya a wata makaranta, a wani ƙauye tsakanin Jega da Aliero. Wata ɗalibata, ina jin ba ta wuce shekara sha uku ba, ta yi ta fashin aji. Da na matsa mata, ta ce ƙaiƙayi ne yake hana ta zama. Ashe tsumman da take ƙunzugu da shi lokacin al'ada, in ta wanke, ƙarƙashin katifa take tura shi da danshinsa. An gaya mata in maƙiyi ya gan shi a igiya, zai yi mata asiri ta rasa haihuwa. Na tambayi sauran 'yan matan, kusan duk haka suke yi.

Na tara su na rufe ƙofa. Na yi musu bayanin haila, na ce su riƙa shanyawa a rana, in suna jin kunya su lulluɓe da tsohon ɗankwali.

Sai ga kakar yarinyar a ofishin shugaban makaranta, aka kira ni.

"Ke ɗiyata, ke anka ce kina koya ma yara tsiraici? Ko aure ba ki yi ba, mi kinka sani?"

"Inna, na san jikarki ba ta iya zama a benci."

Shugaban ya ce, "Malama, ki koma ki ce musu kuskure kika yi, ko ki bar ajin."

Na ce na yarda, da na fara zuwa wajen iyaye mata da ya fi. Amma ba zan ce wa yara danshi ya fi rana ba, ba zan faɗa ba.

Aka mayar da ni koyar da lissafi. 'Yan matan suka riƙa biyo ni gindin darbejiya lokacin hutun tara da tambayoyinsu, ni kuwa ban kori ko ɗaya ba. Yarinyar ta daina fashi. Ba na ce ni ce sanadi ba, don na ji an kai ta asibiti.

Malaman da muka zauna tare, da ku 'yan ajin, in na goce a wani wuri ku aiko mini da gyara. Batun shanya dai ba zan janye ba.