Kawu Gwadabe da Gwangwanayensa

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Talata, tara ga watan Sha'aban, Allah Ya karɓi ran kawuna, Malam Gwadabe mai majigi, a nan Jidda.

Kawu, ka san ni ba ma'abociyar kallo ba ce, kuma ba zan faɗi abin da ban sani ba. Abin da na sani, tun kana saurayi kake haska fim a wani tsakar gida a unguwar Hindawiyya. Ma'aikatan jirgin ruwa ne suka bar maka tsofaffin finafinan Meziko da Sifen a gwangwanaye. Ba ka jin yarensu ko kalma ɗaya, amma kai ke fassara wa jama'a. Kiɗan kake bi. Da goge ya yi ƙasa sai ka ce, "Wannan ƙarya yake mata." Kullum cewa kake 'yan wasa tufafi ne, masu aikin su ne wanda ya rubuta labarin da wanda ya tsara kiɗan, ga shi ba mai tuna su.

Aka daina majigi, ka ci gaba da goge gwangwanayen nan. Da rusau ya zo unguwarmu Karantina aka shafa wa katangarmu jan fenti na alamar rushewa, motar da muka samu ba za ta ɗauki kayan ɗaki da su duka ba. Matarka, Inna Mariyamu, ta ce, "Malam, a kan fim za mu kwana?" Ka ce, "Katifa tana kasuwa, Mariyamu. Waɗannan mutanen sun mutu, ba mai sake rubuta musu. Yalla, a loda." Har muka yi sallar azumi tana maka gorin katifa.

Zafin sabon gidanku a Ammariyya ya fara cinye finafinan, wasu har sun manne. Jikarka Najwa ce ta kai ragowar wurin Mashael, wata mai gyaran tsofaffin finafinai. Biyu kaɗai suka tsira. Bara aka haska ɗaya a zauren da ya cika maƙil, aka zaunar da kai a gaba. Najwa, da yake ta karanta yaren, tana raɗa maka fassarar gaskiya. Ashe wanda ka daɗe kana kira maƙaryaci wan yarinyar fim ɗin ne, ba saurayinta ba. Ka yi dariya har da hawaye, ka ce, "Halas, shi ke nan, marubucin ya fi ni. Dama na ce gwani ne."

Ni ce na tura ka a keken guragu muka fito, mutane suna tsaye suna tafi. Amanar da ba wanda ya ɗora maka, ka riƙe ta har ka sauke da ranka.

Ya Allah, Ka gafarta wa bawanKa Gwadabe, Ka yalwata kabarinsa, Ka sa Aljanna ce makomarsa. Inna Mariyamu, Najwa, da sauran dangi na Jidda da na gida, Allah Ya ba mu haƙuri. In tamu ta zo, Allah Ya sa mu ma mun sauke abin da muka ɗauka. Amin.