Fangalai Arba'in na Sada Gola

Sada Usaini ya fara tsaron raga a ƙungiyar Zaratan Tsamiyar Indo a daminar 2006, yana ɗan shekara goma sha bakwai, kuma har yau bai taɓa saka rigar wata ƙungiya ba. Tsamiyar Indo ƙauye ne a ƙasar Bunkure, a bakin wani reshe na kanal ɗin noman rani. Kakannin Sada makiyaya ne. Mahaifinsa ne ya rage shanu ya kama gona, kuma da ya rasu Sada ya gaji fangalai arba'in, yana noma shinkafa da damina, tumatir da rani.

Sau uku aka zo nemansa. A 2011 wata ƙungiya daga birnin Kano, a 2014 wata daga Kaduna, a 2017 kuma ta Madobi, har da alkawarin sabon babur. Kowacce amsa ɗaya ta samu: "In na tafi, wa zai tsaya musu?" Ba fahariya yake ba. Zaratan ba su taɓa samun gola na biyu da ya wuce wata shida ba, kuma shekara goma sha takwas ba su ɗaga kofi ba.

A 2024 suka kai wasan ƙarshe na gasar manoman rani. Aka sa shi a Kura ranar Asabar, 14 ga Disamba, bayan la'asar, da 'yan Kadawa. Asabar kuwa ita ce ranar ruwan sashen su Sada. Ana buɗe ƙofar kanal ƙarfe biyu, a rufe ƙarfe shida, sai kuma wata Asabar. Dashen tumatirinsa kwana takwas ke nan, saiwa ba ta kama ƙasa ba, kuma iri ya ƙare a ƙauyen. Abin da gidansa zai ci har damina yana cikin waɗannan fangalai.

"Baban Saliha," in ji Murja matarsa da safe, "kofin nan in an ci, miya ake da shi?"

"Uba zai yi mini ban ruwa."

"Uba?" Ta ajiye ludayi ta dube shi.

Uba ɗan kawunsa ne, abokin wasansa, gonarsu kunya ɗaya ta raba. Ya iya aikin sarai: a zuƙo ruwa da bututu, a buɗe bakin fangali ɗaya, in ya cika a toshe da laka a buɗe na gaba. Aikin awa huɗu ne, ba a matsawa daga wurin. Aibin Uba ɗaya, tun da aka kafa Zaratan bai taɓa rasa wasansu ba.

"Je ka, Gola," in ji shi. "Ka tsare ragarka, in tsare ruwanka. Ko da yake ragar taka ta fi kwando zuba."

An je hutun rabin lokaci ɗaya da ɗaya. Minti goma da dawowa, Sada ya kama wata ƙwallo ya faɗi da ita, sai ya ji murya a bayan ragarsa tana cewa, "Haka nake so, ɗan Fulani." Ya juya. Uba ne tsaye, wandonsa a naɗe, laka har gwiwa.

"Wa ka bari a gonar?"

"Kwantar da hankalinka. Na buɗe bakin duka arba'in ɗin lokaci guda. Ruwa ai ya san hanyarsa."

Gonar Uba a shimfiɗe take, can wannan dabara takan ɗan yi aiki. Ta Sada kuwa tana da gangare zuwa gabas. Ruwa zai tafi ƙasa gaba ɗaya, ya fasa kunya ya tumɓuke dashe, na sama kuma ko ɗigo ba za su samu ba.

"Koma yanzu."

"A bayan babur aka kawo ni, mai shi yana can gefe."

"Makullin babur ɗina na jakar Koci. Ɗauka ka tafi."

Uba ya tafi yana waiwaye. Tsakanin filin da gonar kilomita goma sha ɗaya ne, kuma Sada ya san mutum ɗaya ba zai iya tare ruwan da ya riga ya ɓalle ba, sai biyu, ɗaya a bututu ɗaya da fartanya. Ya kira Koci Dattijo, mai horar da su tun farko, ya tambaye shi lokaci. Dattijo ya ɗaga yatsu: biyar da minti biyar. In wasa ya ƙare a kan ƙa'ida, Sada zai isa kafin a rufe ƙofa, ya ceci na sama. In aka tafi bugun fanareti, ya makara.

Ya dubi benci. Mutum huɗu ne, babu wanda ya taɓa saka safar gola.

Saura minti biyu, har yanzu ɗaya da ɗaya, ɗan gaban Kadawa ya tsallake masu tsaron baya ya sheƙo ƙwallo ƙasa-ƙasa zuwa kusurwar hagu. Sada ya gan ta tun daga ƙafar mai ita. Ya kuma ga wani abu: in ya makara da taki ɗaya, ba wanda zai zarge shi. Bugu ne mai kyau, gola ne ɗan shekara talatin da biyar. Alƙali zai busa, shi kuma ya hau hanya.

Ya yi tsalle ya ture ta da yatsu biyu, ta bugi turke ta fita. Fili ya ɗauki ihu. Shi dai ya daɗe kwance, fuskarsa a ƙasa.

Fanareti ya ci minti goma sha tara. Sada ya kama biyu, Zaratan suka ci huɗu da uku. A hoton da aka ɗauka da kofi, 'yan wasa goma ne sanye da riga. Na sha ɗayan yana bayan babur ɗin wani mai rake, da safa a hannunsa.

Ya isa shida da minti ashirin. Kanal ya ja baya, bututu na kwance a laka. Uba na tsaye cikin ruwa har ƙauri, fartanya a hannu, Murja kuma tana tsinto dashen da ruwa ya kai bakin hanya tana zubawa a zaninta. Sada ya bi gonar layi-layi. Fangalai goma sha takwas sun sha daidai, tara na sama a bushe, goma sha uku na ƙasa sun zama tabki.

"Gola," in ji Uba a hankali, "an ci?"

"An ci."

Uba ya buɗe baki zai yi murna, ya dubi Murja, ya rufe.

Kwana shida Sada da Uba suna jigilar ruwa a jarka daga kududdufi zuwa taran na sama, bakwai suka rayu. Goma sha ukun ba su tashi ba, ya zuba musu masara. A watan Maris ya sayar da karsana ɗaya cikin ukun da suka rage na gadon mahaifinsa.

Kofin yana shagon Koci Dattijo, a kan kanta. Da aka fito da jadawalin gasar bana, Murja ce ta fara karɓar takardar, ta sa 'yarsu Saliha ta karanto mata ranakun ɗaya bayan ɗaya. Wasanni biyu sun faɗo Asabar.

"Ni zan yi ban ruwan," in ji ta. "Ka ce wa Uba ya tafi kallo."