Gaɓar da Dona Zuleide Take Tsayawa

Tana cikin jiƙa hannuwanta a ruwan ɗumi na shigo, kamar kullum, bakwai saura. Tasar na kan cinyarta, yatsun da ciwon gaɓɓai ya tanƙwara suna kwance a ciki kamar saiwar rogo.

"Seu Orlando, gahawar kyauta ta kawo ka ko kiɗan kyauta?"

"Duka biyun, Dona Zuleide."

"To zauna. Kar ka kuskura ka yi min tari."

Shekara talatin da ɗaya muna maƙwabtaka a tsohuwar unguwar birnin Belém, katanga ɗaya tsakaninmu. Zuleide Pantoja 'yar mai gyaran kwale-kwale ce. Tana da shekara bakwai Mestre Anacleto, malamin kiɗa mai kaɗa wa cocinmu, ya ji ta tana kwaikwayon ƙararrawa da cokali a jikin kwalabe, ya zaunar da ita gaban fiyano. Shekara goma sha shida yana tsaye a bayan kafaɗarta ta hagu, ƙirjinsa na ƙara saboda asma, fensir a hannu. Kowane ɗigo na takardar kiɗa sai ya rubuta masa lamba: nan babban yatsa, nan manuni. A haka take haddacewa, domin mai kaɗawa a gaban jama'a ba ya zuwa da takarda. Kai ba ya riƙe kiɗa mai tsawo haka. Yatsu ke riƙewa, kowanne ya san inda zai sauka bayan ɗan'uwansa.

Ta yi suna tun tana yarinya. A biranen Recife, Salvador, har Montevideo an tafa mata. A 1969 aka kira ta Rio, babban zaure, kuma za a watsa a rediyo. A kiɗan da za ta rufe da shi akwai wata gaɓa inda hannun dama ke hawa sama a guje, Mestre ya ba yatsa na huɗu wurin. Ita kuwa ta daɗe tana ganin na tsakiya ya fi dacewa. Saura mako biyu, a masaukinta, tsohon yana can nesa, ta goge lambarsa ta rubuta tata.

Da ta iso gaɓar a gaban mutane, yatsun biyu suka taso tare. Hannun ya tsaya a sama. Ta koma baya ta sake ɗaukowa, ya sake tsayawa. Ta miƙe, ta sunkuya, ta fita. Kunya ta riƙe ta wata biyu a Rio, kafin ta dawo an binne Mestre. Maƙwabtansa sun ce ranar da ta yi wasan yana manne da rediyo.

Ba ta ƙara hawa dandali ba. Ta koyar da 'ya'yan mutane, ta kaɗa a bikin aure da jana'iza. Amma kowace safiya sai ta ɗauko wancan kiɗan daga farko, ta zo gaɓar, ta tsaya. Duk layinmu mun haddace shi. Mai sayar da romon tacacá a kusurwa tana rera shi da hanci, ita ma a nan take yankewa, ludayi a sama. Dona Zuleide ta taɓa gaya mini cewa idan ta kusa wurin takan ji numfashin tsohon a bayan kunnenta, yana jira ya ga wane yatsa za ta sa.

Watan jiya likita ya ce hannunta na dama ya kusa rufewa gaba ɗaya.

"Ka ji min likitan nan," ta ce tana tsane hannu da tawul. "Wai in huta. Shekara hamsin da uku me nake yi?"

Ta zauna gaban fiyano, ta fara. A hankali take tafiya, tana kuskure nan da can, tana tsaki. Na lura yatsa na huɗu ya naɗe cikin tafinta, tun farkon kiɗan bai taɓa komai ba. Muka doso gaɓar. Na ajiye kofina, don na saba a nan shiru ke faɗowa.

Hannun ya hau. Na tsakiya ya sauka shi kaɗai, babu mai ja da shi, kiɗan ya wuce. Abin da ke gaba ban taɓa jin sa ba: wani sanyin sauti ne mai gangarowa, kamar ruwa na janyewa daga gaɓar kogi. Ta bi shi har ƙarshe.

Ta ɗauke hannuwanta daga fiyanon. Sannan ta juya kanta hagu.

"Orlando, ka ji wani abu?"

"Na ji shi duka, Dona Zuleide. Har ƙarshe."

"Ba wannan ba, sakarai."

Muka saurara tare. Keke ya wuce a waje, wata mata na kiran kare.

"Mestre ba ya nan," ta ce. "Ko gyaran murya bai yi ba." Ta ɗaga yatsan da ya naɗe tana kallonsa. "Ba ni na zaɓa ba fa. Yatsan nan ne ya mutu. Da tsohon ya tsaya, da na gaya masa."

Ta miƙe, ta bar fiyanon a buɗe, ta dafa bango ta fita daga ɗakin.