Akuyar da ta shiga gida tara

Ƙanena yau ya yi furfura a aikin fim, ba na wasan kwaikwayo ba, irin wanda ake ɗaukar talakawa su faɗi abin da ke cin su don manya su gani. Mutane na tambayata inda ya faro. A gidanmu ya faro, a Gangara, kuma mun kusa kashe masa sana'a tun ranar farko.

Shekarar fari ce, gero ya bushe tun bai kai gwiwa ba. Ya dawo daga birni da kyamarar aro a kafaɗa, ya ce za shi ɗauki halin da muke ciki ya kai Sakkwato, ko a aiko da hatsi. Kwana biyu aka ba shi aron, ba ƙari.

To, mu ba a ɗaukar mu hoto haka nan. Da labari ya zaga, kowa ya buɗe akwati. Inna ta fito da zanen Sallah, ta rambaɗa kwalli, ta shafa man gyaɗa har kumatunta na ƙyalli.

Ya saita kyamara ya ce, "Inna, yaya abinci bana?"

"Alhamdu lillahi, sai godiya."

"Inna, tafasa kuka ci jiya, ba ko ƙuli."

"Kai aka tambaya?"

Ya nufi rumbu, ta riga shi, ta tsaya a gindinsa. "In ka buɗe cikin rumbun ubanka ga mutanen Sakkwato, za ni bin ka har can da muciya."

Akuya ɗaya ta rage da nama a unguwarmu, ta liman, mai yankakken kunne. Inna ta aike ni na aro ta, aka ɗaure a bayanta don kada a ce gidan ba dabba. Maƙwabciya ta hango ta zana, ta ce ita ma ba za a ɗauke ta tsakar gida wayam ba. Kafin ƙanena ya zagaya ta ƙofa, an miƙa akuya ta baya. Ni ke janta. Gida tara muka yi, a na bakwai ta cinye gefen mayafin matar kawu ana cikin ɗauka.

Ƙanena ya tafi kamar ya yi kuka. Ya ce, "Yaya, kun kashe ni. Wa zai ba masu kwalli hatsi?"

Shi ya ba mu labarin sauran. Babban ma'aikacin da ya kalli fim ɗin a Sakkwato ɗan makiyaya ne. A gida na huɗu ya ce a mayar baya. Ya duba kunnen, ya ce a ci gaba, yana ƙirgawa da yatsa. Da aka gama ya tambaya, "Ita kaɗai ke gare su?"

Motar dawa ta iso kafin watan ya ƙare. Inna ta sa aka kai rabonmu gida da rufa a kai, ta shaida wa kowa cewa ta karɓa ne kawai don kada gwamnati ta ji kunya.