Hannun golanmu

Abokina ya faɗi a bakin raga yana jijjiga, kuma daga ranar bai ƙara magana daidai ba. Wata uku kafin nan na san ba shi da lafiya. Shiru na yi.

Ƙauyenmu yana gefen Anka. Mu yaran da babu mai neman mu sai lokacin tuwo, wuni muke yi muna buga ƙwallon tsumma. Filinmu yana bayan injin niƙa dutsen zinare, inda ake zubar da garin da aka gama wankewa. Ni na zaɓi wurin, don babu ƙaya, ga laushi. Abokina shi ne gola. Yakan tofa yawu a tafi, ya murza ƙasar, wai hannu ya fi kama ƙwallo. Da hannun yake cin rogo.

Wata rana na ga yatsunsa suna rawa.

Na ce, "Kai, mi ya samu hannunka?"

Ya ce, "Yunwa ta. Kak ka hwaɗa ma Inna, hana ni hita za ta yi. Sannan wa za ya tare maka, mai ƙahwar agwagwa?"

Na yi dariya.

Na bar buga gaba na koma tsaron baya, don kada ƙwallo ta kai gare shi. Idona yana kansa, ba kan wasa ba. Yakan zagaya bayan katanga ya yi amai, ya dawo yana zagin mu. Innarsa ta taɓa miƙo mini fura ta ce, "Ɗana, abokinka ba ya cin abinci. Lahiya dai?" Na ce lafiya lau. Na ajiye furar.

Bayan ya faɗi, likitoci suka zo ƙauyen. Suka ce gubar dalma ce a ƙasar, aka kwashe ƙasar filin. Wata a cikinsu ta tambayi yaushe abin ya fara, ta ce da an kawo shi da wuri da sauƙi. Innarsa ta dube ni. Na ce ban sani ba.

Yana nan da rai, Innarsa ke yi masa wanka. Ni ina Gummi, ina lodin buhunan shinkafa. Har yau ban faɗa mata ba.